Kafaɗar Kawu Buba

Tunda Hamidu ya ce kowa ya rubuto abin da yake tunawa game da mahaifinsa a saka a guruf ɗin gida, to ni ma ga nawa. Naku duk na karanta. "Mutumin kirki ne." "Akwai zumunci." "Ba ruwansa." Ba ruwansa? Wane Kawu Buban kuke nufi? Wanda ni Dudu na sani dai akwai ruwansa, har ma ya yi yawa, musamman a kan rigar da ke wuyan mutum.

Kun dai san shi. Idan namiji ya yi masa sallama, ba fuska yake fara kallo ba, kafaɗa yake aunawa da ido. Ya karkata kai, ya tsuke baki, sannan ya amsa. Idan kuwa lokacin yaye ɗalibai ya zo, mazan Jalingo sun shiga uku. Da sassafe za ka ji ƙaurin gawayi daga zaurensa na Barade, yana fifita dutsen guga, ya shimfiɗa safarin nan nasa ruwan ƙasa a kan tabarma yana bin sa lungu-lungu. Ya saka, ya ɗora 'yar hularsa, ya fito bakin titi ya tare keke. Kawu ina zuwa? "Kombo." Haka yake kiran kombokeshan. Na wa? "Na 'ya'yan mutane." Bai taɓa jiran katin gayyata ba. Kwalejin malamai, makarantar nas-nas, saukar Islamiyya, har yaye matan coci da suka koyi ɗinki a Kachalla Sembe, duk inda aka kafa rumfa aka ce wani ya gama wani abu, za ka tarar da Kawu a zaune yana duba maza.

Dokarsa ɗaya ce, kuma ko yaran gidan nan sun haddace ta: "Ranar kombo riga ɗaya ce take da izinin faɗi, ta mai kombo. Kai baƙo, ka matse." Namiji ya sa safari, in ba shi da shi ya sa jamfa 'yar daidai. Ban da sitaci mai ƙara, ban da aiki a ƙirji, ban da doguwar hula. Takalmi rufaffe, don a ciyawa ake tsayuwa. Babbar riga kuwa, a wurin Kawu, da ita da zagin uwar mai taro duk ɗaya ne.

Dalilinsa ba ɓoyayye ba ne. Kun san yadda ake yi a garin nan. In an gama jawabai yaro ya fito, sai ya tuɓe rigar digirin ya yafa wa uwarsa ko ubansa, ya ɗora masa hular nan mai faifai da tuntu, a ɗauki hoto a kafa a falo. Rigar digiri kuwa ba ta zama a kan babbar riga. Kawu ɗa ɗaya gare shi, Hamidu, wanda uwarsa ta rasu ta bar shi yana rarrafe. Tun Hamidu yana firamare Kawu ya tanadi kafaɗarsa. Abin da yake jira ke nan a duniya, ranar da ɗansa zai yafa masa wannan riga, kuma ba wanda bai gaya wa ba, har masu keke.

Shi Kawu ba a yi masa kombo ba, kuma abin bai taɓa barin ransa ba. Ya yi kwas ɗin malaman daji tun ana jihar Gongola, ya gama lafiya lau, amma ba rumfa, ba ganga, ba ko ruwan sanyi.

"Ta taga aka miƙo mini satifiket, Dudu," in ji shi. "Ta taga! Akawun yana cin gyaɗa, ko kai bai ɗaga ba. Na zo gida na buɗe, har da ɓawo a ciki."

Wanda ya fara shan hannunsa a gidana shi ne mijina, Baban Ummi. Lokacin muna sabon aure, ni kuma na gama kwalejin malamai. Bawan Allah ya ce zai fita kunyar amarya, ya je ya yi ɗinkin farar shadda, babbar riga mai aska, yana tafe yana ƙara kamar ana taka busasshen ganye. Bai san Kawu ya riga kowa zuwa ya tsaya a bakin get ba.

"Malam, kai ne ka gama?"

"A'a Kawu, ai Dudu ce."

"To kai wace sarauta za a naɗa ka?"

Baban Ummi ya sunkuyar da kai. Suruki ne, ba damar musu.

"Cire ta saman."

"Kawu, a nan?"

"A'a, sai mun je Makka. Cire!"

Ashe tela bai gama 'yar cikin ba, babbar rigar da wandon kawai ya ba shi. Da ya ɗaga sai ga jesin ƙwallo ja jawur, da ƙatuwar lamba a baya. Masu sayar da zoɓo a bakin get suka fashe da dariya. Kawu ya daɗe yana kallonsa, ya rasa wanne ne ya fi muni a cikin biyun.

"Mayar," ya ce. "Amma ka tsaya a bayan bishiya."

Wallahi hotunan suna nan a gidana, duk mai so ya zo ya gani. Ni da rigar digiri, Inna, ƙawayena, ga kuma kan mijina ya leƙo daga bayan dogonyaro.

A ranar, bayan na yafa wa Inna an ɗauka, sai na ga Kawu a gefe yana kallon rigar kamar mai kallon nama a tire. Tausayi ya kama ni. Na nufe shi da ita a hannu na ce, Kawu zo in yafa maka, ai kai ma ubana ne. Ya ja da baya da sauri har ya kusa taka kular shinkafa.

"Kul! Azumi nake yi, Dudu. Hamidu ne zai kira mini magariba."

Ba ni kaɗai ya ƙi ba. 'Ya'yan maƙwabta da yawa sun yi masa tayi, don kowa ya san shi a wurin kombo. Ko taɓawa ba ya yi. Ya ce in ya sa ta wani, ta Hamidu za ta zama ta biyu.

Sai Mista Yakubu, maƙwabcinsa Bamumuye, wanda suka yi shekara da shekaru suna zaman benci ɗaya suna faɗa a kan komai. 'Yarsa Rifkatu ta gama karatun nas, a tsakiyar bazara, lokacin da Jalingo take dafa mutum da ransa. Mista Yakubu ya fito da baƙin kwat ɗin da aka ɗaura masa aure da shi. Maɓallan sun daɗe da daina gaisawa da juna. Ya kuma shaƙe wuya da laktaye.

"Yakubu, kai ne gawar ko kai ne fasto?"

"Buba, kai bar ni. Yarinya na ya gama nosin, dole ni sa kwat."

"Kwat kafaɗar ƙarya ce. Soso ne a ciki."

"Soso na ne, ba naka ba."

Suka tafi a keke ɗaya suna yi. Ana tsakiyar jawabi, rana ta take, sai Mista Yakubu ya fara lilo a kan kujera, can sai ji kake rim, ya zube. Kafin ka ce me, sabbin nas-nas sun tashi gaba ɗaya sun yo kansa, kowace tana so ta nuna ta iya. Wannan ta kama hannu, waccan ta ɗaga ƙafa, wata ta kwance laktaye, aka zare kwat da 'yar shat ɗin ciki aka jefar. Kawu yana tsugune a kansa yana yi masa fifita da takardar taro, yana cewa, "Na gaya maka. Ban gaya maka ba? In ka mutu ma sai na gaya maka."

Da ya buɗe ido, abin da ya fara cewa shi ne, "Buba, ina kwat na?"

Haka Rifkatu ta yafa wa ubanta riga a kan singileti, kuma tsakani da Allah ta zauna ɗas. Kawu ya zagaya shi, ya gyara masa tuntu, ya ja baya ya duba.

"Ka gani? Sai da Allah ya tuɓe ka da kansa sannan ta zauna."

Abin da ya fi ƙona wa Kawu rai shi ne yaye 'yan nazare. Ya ce wannan cin mutuncin riga ne. Amma fa yana zuwa, wai don ya ga iyakar lalacewar. Da aka yi na Walid, autan ƙaninsa Kawu Alhaji Manu, ai kuna wurin. Alhaji ya iso da mota biyu, da shadda mai maiƙo, hannun riga ya naɗe a kafaɗa hawa-hawa, turare ya riga shi shiga rumfa.

"Manu, me yaron ya gama?"

"Nazare, Hamma."

"Ya gama fitsarin kwance?"

"Hamma, kai dai ka tsaya a Gongola. Duniya ta wuce nan."

Da aka zo hoto, mai hoton ya ɗauki 'yar rigar Walid, wadda ko kyanwa za ta matse, ya rasa inda zai ɗora ta a jikin Alhaji. Ƙarshe ya rataya masa a kafaɗa ɗaya. Kawu ya ɗaga murya daga inda yake zaune.

"Manu, ka fito sak wanzami! Saura zabira!"

Duk rumfar ta ɗauka, har da malaman makarantar. Alhaji ma ya yi dariya, amma ni na ga idonsa, dariyar ba ta kai can ba.

To duk wannan wasa ne, kuma mun sha dariya. Yanzu zan faɗi wanda ba ku rubuta ba. Hamidu ɗan kawuna ne, abokin wasana, don haka ina da izinin faɗa masa abin da wani ba zai faɗa ba. In ya ga dama ya cire ni daga guruf.

Kun san yadda aka yi karatun nan. Fanshon malamin daji ba ya riƙe ɗan jami'a. Kawu ya koma gonar doya a bayan Kona da tsufansa, yana tafiya da sanda yana dawowa da ciwon baya. Garken da ya gada ya bi hanyar makaranta ɗaya bayan ɗaya har turke ya zama na awaki. Bai taɓa kai kuka gidan kowa ba, har gidan ƙaninsa. Da Hamidu ya shiga shekarar ƙarshe, Kawu ya tafi wurin telansa na Yelwa ya ce a ɗinka masa sabon safari. Wane yadi? Irin na da. Wace kala? Irin ta da. Telan ya ce, Baba ko a ɗan sa maka soso a kafaɗa ka yi kwarjini? Saura kaɗan ya sha sanda. Da aka kawo, in ka ajiye sabon da tsohon ba ka bambancewa. Na ce, Kawu ai ba wanda zai san sabo ne. Ya ce, "Rigar digirin za ta sani."

Wata rana da hantsi na kai masa kunun gyaɗa, na yi sallama shiru. Na leƙa ɗaki, sai ga Kawu a gaban madubi ya yafa labule, ya ɗora faifai a ka. Yana gwada yadda zai mayar da hannuwa baya in an zo sa masa, da yadda zai riƙe wuya kada hula ta zame. Da ya gan ni bai ko ji kunya ba.

"Dudu, in yi murmushi ko in ɗaure?"

Na ce ya yi murmushi. Ya gwada, ya duba madubi, ya ce a'a, haƙoran sun yi ƙaranci, zai ɗaure.

Ana saura 'yan makonni sai aka kira taron gida. Alhaji ya ce zai ɗauki nauyin rumfa da abinci, kuma ya sayo anko: shuɗiyar shadda, duk namijin gidan nan babbar riga da hula iri ɗaya. Kowa ya ce madalla. Aka ajiye wa Kawu nasa yadin a gabansa. Ya sa sanda ya tura shi gefe.

"Ni ba zan sa ba."

Inna ta ce, "Haba Buba, rana ɗaya dai."

"Ai saboda ranar ɗayan ne, Adda."

Lokacin Alhaji ya riga ya yi wa Hamidu alkawarin aiki a Abuja, kowa ya sani. Hamidu ya matso kusa da ubansa ya rage murya, amma ni ina kusa na ji.

"Baba, don Allah. Abokaina za su zo, mutanen Bappa Alhaji za su zo. Wannan kayan naka kowa ya san shi a gari, har dariya ake yi. Kar ka ba ni kunya."

Kawu ya juyo ya dube shi. A karon farko na ga ya kalli namiji a fuska bai kalli kafaɗa ba.

"In na sa waccan, taka ba za ta hau ba, Hamidu."

Hamidu ya yi tsaki ƙasa-ƙasa ya tashi. Aka watse a kan cewa Buba dai ba ya jin magana.

Ranar ta zo. Kawu ya riga masu kafa rumfa isa filin jami'a. Ya zauna a kujerar gaba da sabon safarinsa, karin guga kamar ya yanke ka. Da mutane suka fara cika, aka zo aka ce masa kujerun gaba na manyan baƙin Alhaji ne, ya ɗan koma baya. Ya koma. Aka sake zuwa aka ce nan ɗin ma na matansu ne. Ƙarshe dai a kusa da kulolin abinci ya samu wuri, har wata baƙuwa ta tambaye shi ko shi ne mai raba ruwa. Maza kuwa duk sun yi shuɗi, rumfa ta cika da ƙarar sitaci. Shi kaɗai ne ruwan ƙasa. Bai damu ba. Na kai masa abinci ya ce sai an gama, kada miya ta ɗiga.

Bayan azahar aka sako su. Ga Hamidu ya taho, riga tana kaɗawa, tuntu yana lilo, mata suka ɗau guɗa. Na ga Kawu ya miƙe. Ya jingine sandarsa. Ya cire hularsa ya ninke ya sa a aljihu. Ya ratso mutane ya zo gaba ya tsaya, ya ɗan mayar da hannuwansa baya, daidai yadda na gan shi yana yi a gaban madubi. Ya ɗaure fuska.

Mai hoto ya ce, "Oya, ina baban giraduwet?" Ya waiga ya duba wanda rigarsa ta fi ta kowa faɗi, ya ce, "Dadi, zo nan tsakiya."

Alhaji bai ce ba ni ba ne. Ya gyara hannun riga ya tako. Duk kuna tsaye kuna kallo. Hamidu ya kalli ubansa sau ɗaya, na gani da idona, sannan ya kalli ƙasa, ya tuɓe rigar ya juya wajen Alhaji.

Ba ta hau ba. Ina za ta hau? Mutum uku suka taru suna ja, wannan yana danna shadda, wancan yana cusa hannu, Alhaji yana nishi yana cewa a yi a hankali. Ƙarshe aka ɗora ta a sama kawai kamar an shanya. Da aka zo sa hula, Alhaji ya cire tasa, ya miƙa gefe ko dubawa bai yi ba.

"Hamma, riƙe mini."

Kawu ya dawo da hannuwansa gaba ya karɓa. Da hannu biyu ya riƙe.

Ni dai bakina ba ya ajiya. Na ce, "Hamidu! Ubanka fa?" Inna ta mintsine ni a cinya, ta ce, "Dudu, kar ki ɓata taro." Hamidu ya ce mini, "Adda, yanzu, wan-bai-wan ne." To aka yi ta wan-bai-wan. Hajiya matar Alhaji ta sa. 'Yan matan Alhaji suka sa, kowace sai ta ɗauka ta duba ta ce a sake. Abokin kasuwancin Alhaji ya sa. Walid ma aka naɗe shi a ciki aka ɗaga shi sama. Kawu yana tsaye a gefe da hula a hannu, kansa ba komai, rana tana dukan furfurarsa.

A shekarar an haɗa 'yan aji da yawa aka yaye tare, riguna ba su isa ba, Hamidu da wani abokinsa suke raba ɗaya. Sai ga abokin ya zo da gudu yana haki.

"Hamidu, haba mana! Mama na yana jira tun ɗazu, daga Zing ya zo."

Ya zare rigar daga jikin Walid ya yi gaba. Hamidu ya ce, "Baba, bari ya je ya dawo da ita." Daga nan abokai suka ja shi, aka buɗe kuloli, aka kunna kiɗa. Alhaji ya tuna da hularsa ya aiko direba ya karɓa.

Kawu ya tsaya a wurin har la'asar. Duk wanda ya gifta da baƙar riga sai ya bi shi da ido. Masu rumfa suka fara tattara kujeru. Sai na ga ya sa hannu a aljihu, ya zaro hularsa, ya warware ya mayar a ka.

"Dudu, tare mini keke."

Muka shiga keke, muka kama hanya har muka hau gadar Lamurde. Can ya taɓa ni da gwiwar hannu.

"Kin gani ko? Na ce ba ta zama a kan babbar riga."

Ya yi dariya, irin ta wanda ya ci musu. Ni kuwa na kifa kai a cinya na yi ta kuka, har mai keken ya tambaya ko rasuwa aka yi.

Daga ranar Kawu bai sake zuwa kombon kowa ba. Lokacin yaye ya zagayo, ba ƙaurin gawayi a zaure. Mista Yakubu ya je takanas don ya tsokane shi, ya ce jikansa zai gama sakandare kuma kwat zai sa, har da laktaye. Kawu ya ce, "Sa abin da ka ga dama, Yakubu." Tsohon nan ya taso tun daga Barade har gidana da ƙafa, idonsa ya yi ja.

"Dudu, kawun ki ba shi lafiya. Na ce zan sa kwat, bai zage ni ba."

Hamidu ya samu aikinsa na Abuja. Da ya zo sallama ya ce, "Baba, in na yi mastas kai ne na farko." Kawu ya ce Allah ya kai mu, ya sa masa albarka, ya cika masa but ɗin mota da doya. Ko sau ɗaya ban ji ya faɗi wata mummunar kalma a kan yaron nan ba. In na fara sai ya ce, "Dudu, yaro ne, taro ya ruɗa shi." Damina ta biyu da ta zo ya kwanta, ciwon bai yi tsawo ba, Allah ya karɓi abinsa.

Abin da ya sa na zauna na rubuta duk wannan shi ne hoton da Hamidu ya saka a guruf shekaranjiya, wanda aka ce za a wanke babba a kafa a falo. Kawu Buba da rigar digiri, da hula mai tuntu. Kuka bi shi da "Allah sarki", da "ya yi kyau", da hotunan zuciya. Har da Kawu Alhaji, ya rubuta "Hamma na".

Kawu bai taɓa sa wannan riga ba, kuma duk kun sani, don kuna wurin. Mai kwamfuta aka ba aiki. Ya yanko shi daga gefen hoton ranar, inda yake tsaye shi kaɗai. Da ya ga safarin bai dace da manyan mutane ba, ko kuma aka ce masa haka, sai ya goge shi ya zana masa shuɗiyar babbar riga, irin ta ankon, har da aiki a ƙirji. Sannan ya ɗora rigar digirin a kai. Ta zauna kuwa ɗas, tunda kwamfuta ba ta san nauyin shadda ba. Mutumin da ya ƙi abin nan a gaban idonku, kun bari sai da ya kasa magana kuka sa masa.

Amma mai kwamfutar ya manta da abu ɗaya. Ku buɗe hoton, ku sa yatsu biyu ku ja shi, ku duba hannun Kawu. Hular Alhaji tana nan, ya riƙe ta da hannu biyu.

Hamidu, ka cire hoton nan. Ba don ni ba. In kana son hoton ubanka, ina da shi da safarinsa, yana zagin wani a bakin get, shi ne kamanninsa. Na san kana kuka, na san ba ka barci sosai, matarka ta gaya mini. Ban rubuta don in ƙara maka ba, amma ba zan zauna a guruf ɗaya da ƙarya a kan mutumin nan ba. Shi ya yafe maka tun a cikin keke, ni ce dai har yanzu nake fama.

Allah ya jiƙan Kawu Buba, ya haskaka kabarinsa, ya yafe masa zagin da ya yi wa masu kwat da masu babbar riga, ka san ba da mugunta ya yi ba. Ya Allah, bawanka ya daɗe a tsaye a rana. Ranar da za ka tufatar da bayinka, ka kira shi da sunansa tun da wuri, kada ka bar shi yana jira. Amin.